Malam Aminu Kano: Malamin Makarantar da Ya Tambayi Yadda Ake Yanka Albashi

Da editan mujallar nan ya nemi in rubuto tarihin wani babban mutum cikin waɗanda suka riga mu gidan gaskiya, ban tsaya dogon tunani ba na ce masa Malam Aminu Kano zan ɗauka. Ya yi dariya, wai ai kowa ya san Malam, me ya rage in ba maimaici ba. Na ce masa Malam ɗan siyasa ne kowa ya sani, na NEPU da PRP, wanda 'yan takara ke liƙa hotonsa a fastocinsu duk lokacin zaɓe. Amma akwai Malam na kafin siyasa, mai alli a hannu, wanda ya haɗa kan malaman makarantun Arewa a ƙungiya guda. Labarin wannan Malam ɗin nake son bayarwa, kuma dalilina daga gidanmu ya fito.

Yayata tana da takardar NCE. Shekarar da na shigo makarantar nan aka buɗe ɗaukar malaman firamare a wajenmu. Ta nema, ta zauna jarrabawa, ta yi intabiyu, sunanta ya fito a allo. Aka tura ta wata makaranta da sai ta hau mota biyu kafin ta isa, aka ce ta fara aiki, ofa tana nan tafe. Ta fara. Wata ɗaya ya wuce, uku suka wuce, har aka shiga na bakwai, babu ofa babu albashi. Duk ranar da ta je ofis, ko a ce fayil yana teburin oga, ko oga ya yi tafiya, ko ana jiran a gama tantancewa. Kuɗin motarta daga adashin Ummanmu yake fita, kuma daga wannan adashin ake biya mini kuɗin makaranta. Kun ga ke nan abin ya shafe ni kai tsaye. Umma ta ce a yi haƙuri. Kawu ya ce a nemo wanda ya san wani. A duk gidan babu wanda ya ce a tambaya me doka ta ce, har ni da nake karanta harkokin gudanar da aikin gwamnati.

Ana cikin haka wani lakcaranmu ya kai mu ziyara Gidan Mambayya da ke Gwammaja a Kano, gidan da Malam ya zauna, inda kuma kabarinsa yake. Na ga ɗakunan, na tuna cewa mai gidan nan ya riƙe muƙamin kwamishinan tarayya shekara bakwai, sai jikina ya yi sanyi. Da muka dawo na shiga laburare neman tarihinsa. Ga abin da na samo.

Ɗan gidan shari'a

An haifi Malam Aminu ranar 9 ga Agusta, 1920, a unguwar Sudawa cikin birnin Kano. Mahaifinsa, Malam Yusufu, malami ne kuma muhuti a kotun alƙali. Zuriyarsu Fulani ne Gyanawa, waɗanda aka sani da ilmin fiƙihu da alƙalanci a Kano. Wato tun yana yaro a gidan da ake maganar hujja da shaida ya buɗe ido, gidan da aka san cewa mai da'awa shi ke kawo shaida, kuma ba a yanke hukunci da son rai. Ku riƙe wannan, domin zai yi ta dawowa a rayuwarsa.

Ya fara karatun allo a gida, sannan aka sa shi makarantar Shahuci a 1930. Daga nan ya wuce Midil ta Kano, sai kwalejin da aka taso da ita daga Katsina zuwa Kaduna, wadda daga baya ta koma Zariya ta zama Barewa. A wancan zamani ita ce ƙololuwar karatun boko a Arewa, kuma galibin waɗanda ta yaye aikin koyarwa suka fara yi. Ahmadu Bello ya koyar a Sakkwato, Abubakar Tafawa Ɓalewa a Bauchi, Shehu Shagari ma malamin makaranta ne. Malam Aminu ya gama a 1942, aka tura shi Midil ta Bauchi yana ɗan shekara ashirin da biyu. Shekarun da nake da su yanzu ke nan daidai, kuma wallahi da na lura da haka sai da na ajiye littafin na yi shiru.

Tambayar da aka yi a Bauchi

A Bauchi ya tarar da Tafawa Ɓalewa a makarantar, ya kuma ƙulla abota da Malam Sa'adu Zungur, wanda ya girme shi da 'yan shekaru, ya kuma yi tasiri ƙwarai a tunaninsa. Malam Aminu ba irin malamin nan ba ne da ke shiga aji ya cika allo da rubutu ya fita. Yana rubuta wasannin kwaikwayo yara su yi, a cikinsu ana zolayar cuta da zalunci da girman kan masu iko, jama'a na dariya amma saƙo na shiga.

A 1943 aka kafa wani zauren tattaunawa a garin, da yardar Turawan mulki, inda malamai da ma'aikatan En'e da jami'an gwamnati ke haɗuwa su yi muhawara kan al'amuran yau da kullum. Turawa sun ɗauka wuri ne da 'yan boko za su rage zafi su koma gida. A wani zama da aka yi, Malam Aminu ya miƙe ya nemi a gaya masa da wane ma'auni ake yanka albashin sarki. Baturen da ke wurin ya amsa cewa gwargwadon nauyin aiki ne da girman ƙasar da sarki ke riƙe da ita. Sai Malam ya nemi sanin dalilin da ya sa bambancin da ke tsakanin albashin Lamiɗon Adamawa da na Sarkin Bauchi bai bi wannan ma'auni ba. Taro ya watse babu amsa, kuma ba a daɗe ba aka rufe zauren. Su Malam ba su zauna ba, suka kafa tasu ƙungiyar ta neman ci gaban Bauchi, wadda babu hannun hukuma a ciki.

Na daɗe ina juya wannan labari. Malam bai zagi kowa ba, bai ce a rage wa wani ko a ƙara wa wani ba. Ƙa'ida kawai ya nema. Idan albashi yana da ma'auni, to kowa zai iya ɗaukar ma'aunin ya auna nasa, ya gane ko an tauye shi. Idan kuwa babu ma'auni, albashi ya zama kyauta, mai bayarwa ya bayar ran da ya ga dama, mai karɓa kuma sai godiya da durƙuso. Wannan shi ya sa tambayar ta yi nauyi har aka kasa ɗaukarta. Halin da Yayata ta shiga ke nan shekara tamanin bayan haka: tana zuwa ofis kamar mai roƙon alfarma, alhali gumin da ta riga ta zubar take bi.

Daga Landan zuwa ƙungiyar malamai

A 1946 aka ba shi gurbin karatun shekara guda a cibiyar nazarin aikin koyarwa ta Jami'ar Landan. Ya isa Ingila yaƙin duniya na biyu bai daɗe da ƙarewa ba, jam'iyyar Leba ta ma'aikata ce ke mulki. A ƙasar da ya tarar, malaman makaranta suna da ƙungiyarsu tun 1870, kuma tun 1919 kwamiti ne ke yanka albashinsu, inda wakilan malamai ke zama teburi guda da wakilan hukumomin ilmi. Wato Baturen da ya kasa ba shi amsa a Bauchi, a garinsu an daɗe da sanin cewa albashin malami abin ciniki ne a fili, a rubuce.

A gida Nijeriya ma ba shiru ake ba. Tun 1931 malaman Kudu suka kafa ƙungiyar NUT a Legas, Rabaran Ransome-Kuti na shugabanta. A 1945 ma'aikata sun yi yajin aikin gama-gari na sama da kwana arba'in saboda tsadar rayuwa, Michael Imoudu na kan gaba. Amma malamin da ke koyarwa a Azare ko Gusau ko Katsina yana nan shi kaɗai, ba shi da wanda zai yi magana da yawunsa.

A watan Maris na 1948 Malam Aminu da abokansa suka kafa Ƙungiyar Malaman Makarantun Arewa, shi ne sakatarenta. Abubuwan da ta sa gaba sun haɗa da haƙƙi da walwalar malamai, bambancin albashi tsakanin Arewa da Kudu, da gyaran manhajar karatu. Har muhawara suka yi kan shigar malaman makarantun mishan cikin ƙungiyar, abin da ke nuna cewa tun a lokacin ana tunanin sana'a ce ta haɗa su. Ƙungiyar ta yi rassa a larduna, ta zama ɗaya daga cikin wurare na farko da 'yan bokon Arewa daga garuruwa daban-daban suka fara haɗuwa su yi magana da murya ɗaya. Ta rayu har 1972, lokacin da ta haɗe da NUT suka zama ƙungiya guda ta ƙasa baki ɗaya. Duk malamin firamaren da ake cire wa kuɗin ƙungiya a albashinsa yau a Arewa, ya sani ko bai sani ba, yana cikin gidan da Malam ya sa wa tubali.

Me ya sa ƙungiya, ba kotu ba? Ku duba halin malamin En'e na lokacin. En'e ce ta ɗauke shi, ita ke biyansa, ita ke da 'yan doka da gidan yari, kotun alƙali ma a ƙarƙashinta take, kuma ba a barin lauya ya tsaya a wannan kotu. In an riƙe masa albashi ko an danne masa ƙarin girma, wa zai kai ƙara, gaban wa? Makamin da ya rage musu shi ne yawa da takarda: a taru, a tsayar da magana, a rubuta koke, a sa hannu, a tura wakilai, a ajiye kwafi. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka, sun gane haka tun da wuri.

Maru da ajiye aiki

Surutun Malam ya ishi hukuma, sai aka ɗauke shi daga Bauchi aka kai shi kwalejin horon malamai ta Maru, a lardin Sakkwato na wancan lokaci, jihar Zamfara a yau. In an yi haka ne don ya yi nisa da jama'a ya yi shiru, to ba a ci riba ba. Yana Maru ya ci gaba da aikin ƙungiyar malamai, yana kuma cikin waɗanda suka kafa Jam'iyyar Mutanen Arewa tun tana ƙungiyar al'adu, kafin ta rikiɗe ta zama NPC.

Ranar 8 ga Agusta, 1950, wasu matasa takwas suka kafa NEPU a Kano. Dokar aikin gwamnati ta hana ma'aikaci shiga siyasar jam'iyya, saboda haka a watan Nuwamba na wannan shekara Malam ya ajiye aikin koyarwa, ya kuma bayyana dalilansa a jarida kowa ya karanta. Shekararsa talatin. A zamanin da mai takardar Landan a Arewa ake ƙirga su da yatsu, ya bar albashi mai tabbas da fansho ya koma Kano. A 1953 ya zama shugaban NEPU.

Sauran labarin kun fi ni saninsa, don haka zan bi ta kansa da sauri. 'Yan NEPU sun sha ɗauri da bulala a kotunan En'e, Hajiya Gambo Sawaba kaɗai an ɗaure ta sau goma sha shida. Malam ya ga yadda ake mayar da shari'a bulala, amma bai taɓa cewa a watsar da ita ba, gyara ya yi ta nema: a raba alƙali da ikon sarki, a bar talaka ya ɗaukaka ƙara. Ya faɗi zaɓe fiye da sau ɗaya kafin ya ci kujerar majalisar wakilai ta tarayya a 1959. A gwamnatin Janar Yakubu Gowon ya riƙe ma'aikatar sadarwa daga 1967, sannan ta lafiya daga 1971 zuwa 1974. A 1978 ya kafa PRP.

A zaɓen 1979 shi kansa ya ɗanɗani irin abin da muke magana a kai. Hukumar zaɓe ta tsaya kan batun takardun haraji, ta ƙi wanke shi da Dakta Nnamdi Azikiwe su tsaya takarar shugaban ƙasa, lokaci kuma yana ƙurewa. Ba su tura matasa su ƙona ofis ba, kotu suka nufa, kuma ta nan aka buɗe musu hanya. Malam bai ci shugabancin ƙasa ba, amma PRP ta ci gwamnan Kano da na Kaduna, Abubakar Rimi da Balarabe Musa. Gwamnatocin nan sun soke haraji da jangali, kuma Kano ce ta fara ba da hutun ranar ma'aikata ta 1 ga Mayu a 1980, kafin tarayya ta bi sahu a 1981.

Ba zan ce komai ya tafi daidai ba. Jam'iyyar ta dare gida biyu, santsi da taɓo, almajiransa na jiya suka koma yi masa raddi, kuma har yau dattawa na gardamar wa ke da gaskiya. Cikin wannan hali Allah ya karɓi ransa ranar 17 ga Afrilu, 1983, yana da shekara sittin da biyu. Yau filin jirgin saman Kano da asibitin koyarwa da kwalejin shari'a da addinin Musulunci duk sunansa suke ɗauke da shi, gidansa kuma ya zama cibiyar nazarin dimokuraɗiyya ƙarƙashin Jami'ar Bayero.

Ƙofofin da su ba su samu ba

Da na gama karatun nan sai na tambayi kaina: su da ba su da kotun zuwa sun yi abin da suka yi, mu da muke da ita fa? Ni ba lauya ba ne, amma na zauna da littattafan kwas ɗinmu, na kuma yi wa wani lakcaran shari'a naci har ya ba ni lokaci. Ga abin da na fahimta, domin da yawanmu nan da shekara biyu ko uku aji za mu shiga, ko ofishin wata makaranta.

Farkon komai takarda ce. Zuwa ofis da baki sau ɗari bai kai wasiƙa guda da aka buga wa hatimin karɓa da kwanan wata ba. Ka rubuta abin da kake bi, tun yaushe, ka ba da wa'adi, ka riƙe kwafinka. Ka adana takardar turawa wurin aiki, hoton rajistar sa hannu, da littafin shirin darasi da hedimasta ya duba. A doka yarjejeniyar aiki tana iya ƙulluwa ko ba a rubuce ba, in har an sa ka aiki ka yi, amma sai ka nuna shaida.

Sai ƙungiya. Malaman firamare da sakandare suna da NUT, a makarantu irin tamu akwai ASUP ta malamai da NASU ta sauran ma'aikata. Koken mutum talatin da hatimin ƙungiya ba a jefa shi kwandon shara da sauƙi.

Bayan nan akwai Hukumar Karɓar Ƙorafe-ƙorafen Jama'a, wadda aka kafa a 1975 zamanin Janar Murtala Muhammad. Tana da ofis a kowace jiha, ba a biyan ko kwabo, kuma aikinta ke nan bincikar jan ƙafa da rashin adalci a ofisoshi. Sai dai tana son ka fara bin matakan cikin gida, ba ta karɓar abin da ya wuce wata goma sha biyu, kuma shawara take bayarwa, ba ta da ƙarfin tilastawa irin na kotu.

Babbar ƙofa ita ce Kotun Ma'aikata ta Ƙasa. An kafa ta a 1976, sannan gyaran tsarin mulki na uku na 2010 ya ɗaga darajarta. Sashe na 254C ya ba ta ita kaɗai hurumin shari'un aiki da ɗaukar aiki, har da rashin biyan albashi, alawus, fansho da garatuti. Tana zama a Kano, Kaduna, Sakkwato, Bauchi, Jos da wasu garuruwan, kuma tana da sashen sulhu ga masu son a daidaita ba tare da doguwar shari'a ba.

Akwai kuma umarnin tilasta wa jami'i yin aikin da doka ta ɗora masa, wanda lauyoyi ke kira mandamas. Sharaɗinsa shi ne ka nuna ka nema an ƙi, ko an yi biris da kai, kun ga amfanin wasiƙar nan mai hatimi. A 1981, Malam na raye, Kotun Ƙoli ta ba da irin wannan umarni a shari'ar Shitta-Bey, ta tilasta wa hukumar ma'aikatan tarayya mayar da wani jami'i bakin aikinsa. A 1985 kuma, a shari'ar Olaniyan da Jami'ar Legas, ta tabbatar cewa ma'aikacin da doka ce ta tsara aikinsa ba a raba shi da shi sai an bi matakan wannan doka. Amma a kula, kotu tana bambanta wanda aka ba ofa ya karɓa, ko aka tura shi ya fara aiki, da wanda sunansa kawai ya fito a allo. Na biyun nan hujjarsa ba ta da ƙarfi, domin ba kasafai kotu ke tilasta a ɗauki mutum aiki ba.

Ƙananan ma'aikatan makaranta, irin su masinja, mai shara da akawu, Dokar Ƙwadago ta fi shafarsu. Sashe na 7 ya ce a ba ma'aikaci sharuɗɗan aikinsa a rubuce kafin wata uku su cika da fara aiki, sashe na 15 kuma ya hana a tsara biyan lada da tazarar da ta wuce wata guda.

Tarko biyu ne ke kama mutane. Na ɗaya, akwai dokar kare jami'an gwamnati da ta ce a shigar da ƙara cikin wata uku. Hukunce-hukuncen kotuna sun saɓa kan ko ta shafi rikicin aiki, don haka mai hankali ba ya caca da ita, da wuri yake ganin lauya. Na biyu, hukumomi da yawa dokar da ta kafa su ta ce sai an ba su sanarwa a rubuce, galibi ta wata guda, kafin a kai su kotu. Wanda ya tsallake wannan, ana iya korar ƙararsa tun ba a saurari komai ba. Kuma gaskiya ɗaya ce, cin shari'a daban, karɓar kuɗi daga asusun gwamnati daban, wani lokaci sai an sake wata fafutukar. Shi ya sa kotu ke zuwa a ƙarshe, amma sanin cewa kana iya zuwa can yana sa a saurare ka tun a farko.

Yadda ta kaya a gidanmu

Hutun da ya biyo baya na zaunar da Yaya na ba ta labarin tambayar Bauchi. Da farko tsoro ta ji, ta ce kada garin neman gira a rasa ido, a goge sunanta gaba ɗaya. Tsoron nata ba na banza ba ne, kuma ban raina shi ba. Na ce mata ai ba ita kaɗai za ta yi ba. Ta fara kiran waɗanda aka ɗauke su tare, ashe kowa na cikin ɗakinsa yana haƙuri shi kaɗai, kowa na zaton fayil ɗinsa ne kawai ya maƙale. Suka haɗu su goma sha tara, aka rubuta wasiƙa guda cikin ladabi, babu zagi babu barazana: ga ranar da aka tura mu, ga watannin da muka yi, muna neman ofa da albashi, muna kuma neman a gaya mana a rubuce abin da ya tsayar da su. Ni na buga musu ita a shagon kwamfuta na bakin get. Suka kai, suka tsaya har aka buga hatimi, suka kai kwafi ofishin ƙungiya.

Ba zan yi muku ƙarya in ce washegari kuɗi suka shigo ba. An ɗauki kusan wata biyu, da wasiƙar tuni guda. Amma ofa ta fito, albashi ya fara shiga a wata na goma sha ɗaya. Ariyas na watannin baya har yanzu ana bin su, kuma a wannan karon sun riga sun je sun ga lauya tare, sun san kwanakin da suke ƙirgawa. Abin da ya fi burge ni shi ne yadda maganar Yaya ta canja. Da can cewa take a taimaka mata, yanzu cewa take tana bin bashi.

'Yan'uwana, mu da ke shirin fita, wasunmu za su tsaya a gaban tebur suna jiran fayil, wasunmu kuma su ne za su zauna a bayan teburin. Ga na farko, kada ku yi haƙurin kaɗaici, ku nemi 'yan'uwanku, ku rubuta, ku ajiye kwafi, ku san wa'adinku. Ga na biyu, ran da fayil ɗin wani malami ya kwana a durowarku, ku tuna akwai wata Umma a wani gida da ke fasa adashinta saboda shi.

Allah ya jiƙan Malam Aminu Kano, ya kai haske kabarinsa, ya saka wa malamanmu da alheri. Mu kuma da ke fuskantar jarrabawar ƙarshe, Allah ya ba mu sa'a. Amin.